Daga gamba zuwa GPS: me ya sa takardar jometir ba ta kashe shari'ar iyakar gona?



Makon da ya wuce, cikin shirinmu na dare, wani dattijo ya kira daga wani ƙauye na arewacin Barmou. Ba zan faɗi sunansa ko na garinsu ba, tunda maganar tana gaban shari'a. Ga abin da ya ce mani, yadda na ji shi:

"Ɗana, ni da maƙwabcina muna gardamar iyaka. Mai gari ya gwada, sarki ya gwada, ba mu daidaita ba. Na saida tumaki ukku, na ɗauko jometir tun daga birni, ya auna, ya ba ni takarda da hatimi. Munka tai gaban alƙali, ya duba takarda, ya aje ta waje guda, yac ce a kawo shaidu. To in ba kuɗɗi anka ci ba, mi ke nan?"

Na ce masa: "Baba, ka yi haƙuri, minti biyu ba su isa amsar wagga tambaya ba." Lokaci ya ƙure, anka rufe layi. Tun daga ranar abin ke damuna, don na san ba shi kaɗai ke da wannan zargi ba. Duk shekara, da zarar an fara sharar gona, kafin ruwan shuka ya sauka, irin wannan rigima ke tashi. Shi ya sa na ce bari in zauna in rubuta amsar a tsanake. Kuma amsar tana cikin tarihi.

IYAKA KAFIN TAKARDA

A Adar, tun zamanin kakanni, gona ta wanda ya sari daji ce, shi da zuri'arsa. Ba a auna ta da mita. Ana gane iyakarta da abin da ido ke gani: layin gamba da anka bari ba a nome ba, shingen aguwa ko dashi, jerin duwatsu a kan tudu, wani gawo ko aduwa, bakin ƙorama, ko burtalin da dabbobi ke bi. Bayan abin da ido ke gani, sai abin da mutane sunka riƙe a kai: wane ya sari nan, wane ya ara wa wane, wane ya karɓi jingina shekarar yunwa. In gardama ta tashi, mai gari ya tara dattawa da maƙwabtan gona, a taka iyakar da ƙafa. In abin ya ƙi, a kai ga rantsuwa da Alƙur'ani, wadda har gobe mutane ke tsoro fiye da gidan kaso.

Wannan tsari ya yi aiki ne saboda daji na da yawa. Tsakanin gona da gona akwai saura, ko an ci taki biyar babu mai kula. Yau mutane sun ƙaru, gonar uba guda an raba ta ga ɗiya shida, saura ta ƙare. Gamba kuwa ana iya tumɓuke ta a dasa gaba, ƙorama tana sake hanya in ruwa ya yi ƙarfi, gawo yana faɗuwa, dattijon da ya san zancen yana rasuwa.

MASU AWO NA FARKO

Masu awo na farko da sunka ratsa ƙasarmu da na'ura ba gona sunka zo aunawa ba, iyakar ƙasa ce. A 1898 Faransa da Ingila sun zauna a Paris sunka raba ƙasashen nan bisa taswira. Anka kafa tsinke a kan Sakkwato, anka ja baka mai nisan mil 100, anka ce duk abin da ke ciki na Ingilishi ne. Birnin Ƙonni ya faɗa ciki. A kan takarda layin ya yi kyau. A ƙasa kuwa, Faransawa sunka tarar hanyar da ta rage masu daga bakin kogi zuwa Damagaram ta bi ta inda rijiyoyi ke da wuya. Dole anka sake zama a 1904 da 1906, anka gyara. Daga nan ne ayarin kyaftin Tilho na Faransa da manjo O'Shee na Ingila sunka bi iyakar daga 1906 zuwa 1908, tun daga kogin Kwara har tafkin Chadi, sunka kafa alamomi 148.

Abin lura a nan: su Tilho ba su ne sunka yanke inda iyaka za ta bi ba. Gwamnatoci ne sunka yanke, su kuma sunka nemo wurin a ƙasa sunka kafa alama. Ku riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Awon filin mutum ɗaya kuwa ya shigo ne da dokar rajistar filaye ta ƙasashen Afirka ta Yamma rainon Faransa, ta 1906, wadda anka sake wa fasali da dokar 26 ga Yuli 1932. Dabarar daga Ostareliya anka aro ta, inda wani Robert Torrens ya kafa ta a 1858. Ga yadda take: mai neman takarda ya shigar da buƙata, a yi shela, a ba mutane wata 3 duk mai ƙorafi ya fito. A sa rana, jometir mai rantsuwa ya zo, a kira maƙwabta, a kafa borni na siminti a gabansu, a zana taswira. In an gama, a rubuta filin cikin babban littafi, a ba shi lamba. Ita ce titir fonsiye. Dokar ta ce da zarar ta fito ba a sake tada maganar mallakar filin. Wanda anka cuta da zamba sai dai ya nemi diyya.

Kun ga inda ƙarfin takardar ya fito. Ba daga na'ura ba, daga shelar da anka yi ne, da kiran maƙwabta, da lokacin da anka ba kowa ya yi magana. Sai dai su wa sunka bi wannan hanya? Gwamnati, kamfanonin Turawa, da wasu attajirai na birane. Manomin Barmou bai ma san da ita ba. Abin da ya fi taɓa karkara shi ne dokar 1935 da ta ce filin da babu kowa a kai kuma babu mai shi na gwamnati ne, alhali saurar da anka bari ta huta da makiyayar da ake komowa duk shekara suna da masu su.

BAYAN ƳANCIN KAI: HANYA BIYU

Gwamnatin Diori Hamani ta yi dokoki da dama da sunka shafi gona. A 1960 anka hana karɓar ushirar da masu iko da ƙasa ke amsa daga manoma. Ranar 26 ga Mayu 1961 anka yi dokar da ta ja iyakar noma ta arewa, layin da ya ratsa jiharmu ta Tahoua. Arewa da shi ƙasar kiwo ce, kuma ɓarnar da dabba ta yi wa gonar da anka buɗe can ba a biyan ta. Dokar makiyaya ta 20 ga Mayu 2010 ta sake tabbatar da layin. Mu da ke bakin wannan yanki mun san gonaki sun daɗe da hawa arewa, kuma babu wani shinge da za ka nuna ka ce ga shi.

Amma dokar da ta fi shafar tambayar Baba ita ce ta 16 ga Maris 1962 da ta tsara kotuna. Ta raba shari'ar fili gida biyu. In fili yana da rajista, ko an tabbatar da sayensa ta hanyar da doka ta sani, rubutacciyar doka ake bi. In kuwa gonar gado ce marar takarda, al'adar masu shari'ar ake bi. Shi ya sa alƙali ke zama da dattawa biyu masana al'ada, su asesar, suna ba shi shawara. Dokokin da sunka maye gurbinta a 2004 da 2018 sun riƙe wannan rabon. Al'ada kuwa, hujjarta shaidu ne, da alamun da ke ƙasa, da rantsuwa.

Sai ga 18 ga Disamba 1974. Seyni Kountché, wata takwas bayan ya karɓi mulki, ya yi jawabi ya ce duk gonar da mutum ke nomawa, ko ta wace hanya ta zo hannunsa, ta zauna gare shi. Talakawa da yawa sun ji daɗi. Amma masu gonaki sunka ji tsoron ba da aro, wasu sunka yi maza sunka amshe nasu. Bayan rasuwarsa a 1987 tsofaffin rigingimu sunka farfaɗo: jikan mai gona yana cewa aro ne, jikan mai noma yana cewa gado ne. To, wace na'ura ce za ta auna bambancin aro da gado?

Wani abin kuma ya ƙara wa ƙasa daraja. Daga 1984 aikin Keita ya shiga farfaɗo da tuddai da duwatsu da itatuwa. A ƙarshen shekarun 1980 tassa ta yaɗu a wajen Illela da Badaguichiri, har mutane sunka fara sayen faƙo, wanda a da ko kyauta babu mai so. Ƴan bida kuma na dawowa da kuɗi suna sayen gonaki. Filin da jiya babu mai tambayar iyakarsa, yau yana da magada goma.

KOD RURAL DA KOFO

A Oktoban 1991 anka yi kisan Toda a jihar Maradi, inda mutum sama da 100 sunka mutu a rikicin manoma da makiyaya. Ƙasa duka ta girgiza. Aikin dokar karkara da anka fara tun shekarun 1980 ya kai ga dokar 2 ga Maris 1993, wadda muke ce wa Kod Rural. Abu uku nake so ku riƙe daga cikinta.

Na ɗaya, ta ce mallakar gado ta al'ada da mallakar takarda duka doka na kare su daidai. Na biyu, ta kafa kwamitocin filaye, Kofo. Na farko a Mirriah da Maïné-Soroa anka gwada su a 1994, daga baya sunka sauko daga gunduma zuwa komin har zuwa ƙauye, inda mai gari ke shugabanta. Su ke ba da takardar shaidar gado, ta saye, ta kyauta, ta aro, ta haya da ta jingina. Na uku, ta ce ba a kai rigimar gona kotu sai an fara neman sulhu wurin sarakunan gargajiya, kuma a rubuta abin da anka cimma, ko an daidaita ko ba a daidaita ba. Sarki sulhu yake yi, hukunci na alƙali ne.

A 2006 kuma anka sauƙaƙe hanyar samun titir fonsiye, anka sa wa sabon tsarin suna da Hausa: Sheda. Sunan ma kansa ya isa darasi.

TO, YAYA ALƘALI KE DUBA RAHOTON JOMETIR?

Tsarin shari'armu na farar hula daga Faransa munka gaje shi, kuma ƙa'idarsa a nan a fili take: gwani yana haska wa alƙali hanya, amma ba dole ne alƙali ya bi ra'ayinsa ba. In rahoto ya zo gabansa, ga tambayoyin da yake yi masa.

Wa ya aiko shi? Akwai bambanci tsakanin jometir da kotu ta naɗa, ta rubuta masa aikin da zai yi, da wanda mutum ɗaya ya ɗauko ya biya. Na biyun ba laifi ba ne, ana karɓar takardarsa a saka cikin dosiye, amma bayani ne na ɓangare guda. Alƙali ba ya gina hukunci a kansa shi kaɗai.

An kira abokin shari'a? Awon da anka yi a bayan idon maƙwabci rauni gare shi, ko da na'urar ta fi kowace kyau. Dole a kira kowa, kowa ya nuna inda yake cewa iyaka take, a rubuta abin da ya faɗa.

Da me ya gwada? Nan ne gizo ke saƙa. In parsel ce ta lotisma a cikin garin Tahoua, akwai taswirar asali, akwai lamba, akwai tsawo da faɗi a rubuce. Jometir zai iya cewa katangar wane ta shiga mita ɗaya da rabi, ko borni ya bar inda anka kafa shi. A nan maganarsa na da nauyi ƙwarai, kuma da wuya alƙali ya kauce mata ba tare da ƙwaƙƙwaran dalili ba. Amma gonar gado da ba a taɓa aunawa ba, da me zai gwada ta? Abin da ka nuna masa da yatsa shi zai auna. Takardarsa tana cewa: ga girman filin da wane ya ce nasa ne. Ba ta ce nasa ne ba.

Ya tsaya a aikinsa? Jometir na iya faɗin inda layi ya bi, da hekta nawa, da ko shingen aguwa tsoho ne ko sabon dashe. In ya rubuta cewa wane ke da gaskiya, ya shiga gonar alƙali.

Na'urar fa? Ƙaramin GPS na hannu, irin wanda ake yawo da shi a karkara, yana iya kuskuren mita 3 zuwa 5. Ku yi lissafi: kuskuren mita 3 a gefen gona mai tsawon mita 200 ya ba da murabba'in mita 600, girman parsel guda a birni. Sau da yawa abin da ake faɗa a kai bai ma kai haka ba. Manyan na'urorin ƙwararru sun fi daidai nesa ba kusa ba, amma kuɗin aikinsu ma haka.

In alƙali bai gamsu ba, yana da hanyoyi. Ya kira jometir ya yi masa tambayoyi, ya naɗa wani ya sake awo, ko ya tashi da kansa da magatakarda da su asesar su tafi gonar, a saurari shaidu a kan iyakar. Gani ya kori ji. Wanda hukunci bai yi wa daɗi ba kuma yana da damar ɗaukaka ƙara.

KO A KOTUN DUNIYA HAKA NE

Kada wani ya ce wannan halin kotunan karkara ne. Ku tuna shari'armu da Benin kan tsibirin Lete, kusa da Gaya, wadda kotun duniya ta Hague ta yanke ranar 12 ga Yulin 2005. Alƙalai sun yi tambayar da mai gari zai yi: wa ke riƙe da wurin, tun yaushe? Sunka duba takardun kwamandojin zamanin Turawa, har da wata wasiƙa ta 1914 ta jami'in da ke riƙe da Gaya, sunka gano cewa babbar hanyar jirgi ta cikin kogi ita anka ɗauka iyaka shekara da shekaru. Sai bayan sun tsaida wannan ne sunka ɗauko rahoton masu awon zurfin ruwa na kamfanin NEDECO na ƙasar Holan, na 1970, don su gane inda hanyar ta bi. Cikin tsibirai 25, Nijar ta samu 16 har da Lete, Benin ta samu 9.

A shari'armu da Burkina Faso, da anka yanke ranar 16 ga Afrilun 2013, tushen hukunci shi ne takardar gwamna janar ta 31 ga Agustan 1927 da gyaranta na 5 ga Oktoba. Taswirar hukumar awon ƙasa ta Faransa ta 1960 ba a koma gare ta ba sai inda takardar ta gaza, kuma don ƙasashen biyu sun amince da haka tun 1987. Tun a shari'ar Burkina da Mali ta 1986 kotun ta bayyana cewa taswira ita kaɗai bayani ce, ba ta ba kowa mallakar ƙasa.

Wato daga Tilho har zuwa Lete magana guda ce: a fara sanin haƙƙi, sannan a kira mai awo ya nuna inda ya faɗa.

MU KOMA GA BABA

Washegari na nemi lambarsa na kira shi. Na ce: "Baba, ranar da jometir ya zo, maƙwabcinka yana wurin?" Ya ce a'a, yana kasuwa. Na ce: "Wa ya nuna masa iyaka?" Ya yi shiru, ya ce: "Ni." Na ce: "Akwai wanda ya ga lokacin da mahaifinka ya dasa aguwar nan?" Ya ce akwai tsoho guda da sunka yi gayya tare, da wata gwaggonsu da ke kai masu fura, duka suna raye.

Na ce masa: "To Baba, waɗannan su ne takardarka. Ni ban san wa ke da gaskiya tsakaninku ba, kuma ban ga zuciyar kowa ba. Amma abin da ka ba ni labari, alƙali ya yi abin da doka ta ce ne. Da maƙwabcinka ne ya riga ka ɗauko jometir, ya nuna masa rabin gonarka, za ka so a yanke hukunci da takardarsa?" Ya ce: "Allah shi kiyaye."

Tumakinsa uku ba su tafi a banza gaba ɗaya ba, don taswirar za ta taimaka a gane daidai wurin da ake gardama. Amma da ya san haka, da ya roƙi kotu ita ta naɗa mai awo, a kira kowa.

Ga mu da ba mu kai ga kotu ba tukuna, abin yi a bayyane yake. Lokacin auna gona shi ne lokacin da kuke gaisawa da maƙwabci. Ku tafi wurin mai gari da Kofo, a taka iyaka tare, maƙwabta na kowane gefe su sa hannu. Dokar farar hula ma ta ce kuɗin kafa borni tsakanin maƙwabta biyu raba shi ake yi. In ka ara wa ɗan uwanka gona, ku rubuta aro ne, ba rashin yarda ba ne, tausayin jikoki ne. Ku da ke ƙasashen waje kuna aiko kuɗin sayen gona, ku tambayi abu biyu kafin kuɗi su fita: duk magada sun yarda, mata da maza? Maƙwabta sun halarci awo? Kuma kada a tumɓuke gamba da aguwa don an kafa borni. Siminti ana iya ɗauke shi cikin dare, tsohon shinge kuwa saiwarsa na ba da shaida.

Hausawa na cewa shari'a mace ce da ciki, ba a san abin da za ta haifa ba. An sa wa su Baba ranar da kotu za ta taka gonar. Ya yi mani alkawarin zai kira ya faɗa mana yadda ta kaya, ko ta yi masa daɗi ko ba ta yi ba. A shirinmu mai zuwa, in Allah ya kai mu, za mu zauna da wani sakataren Kofo ya yi mana bayanin takardun nan ɗaya bayan ɗaya, da inda ake samun kowace. Ku tanadi tambayoyinku.

Allah ya ba mu damina mai albarka, ya zaunar da mu lafiya da maƙwabtanmu.